Yadda Yaya Tanimu Ya Raba wa Malam Ruwa a Masar

Tun da muka dawo daga Masar bakina bai huta ba. In na je mashanyar shinkafa a tare ni, in na je Islamiyya a tare ni, ranar sunan jikar Hajiya Ladi ma ina tsugune ina tuƙa tuwo aka zagaye ni. “Rabi, ya Masar? Wai da gaske ta hanci aka shiga kan Malam? Kin ga kogin Nilu?” Wata har cewa ta yi na yi fari na yi kyau. Rama ce, baiwar Allah, da rashin shiga rana. Na gaji da maimaitawa, kuma na lura abin da Yaya Tanimu, wan mijina, ya faɗa a majalisa shi kowa ke so in ƙara wa gishiri. Shi ya sa na sayi littafin rubutu na zauna. Wadda ta iya karatu ta karanta wa wadda ba ta iya ba, a bar ni in yi aikina.

Mijina, wanda nake kira Malam, manomin rani ne. Fangalolinsa na bakin ƙaramin kanal tsakanin Kura da Bunkure, tumatir da albasa da rani, shinkafa da damina. Ni kuma sana'ata gumi: in jiƙa shinkafa, in turara, in shanya, a kai inji. Bara da kaka ya fara wani ciwon kai wanda ba ya jin magani. Daga nan sai ya riƙa karo da abubuwa. Abin da ke gabansa yana gani, na gefe kuwa sai dai ya taka. Sau biyu ya tattake min shanya na yi ta faɗa, ashe bawan Allah ba ya ganinta. Ranar da mai babur ya kusa kwashe shi a titin Garun Malam don bai ga tahowarsa ta hagu ba, ranar muka daina cewa gajiya ce.

An yi rubutu, an yi tofi, an yi hayaƙi, a ƙarshe dai aka je asibiti a birni aka ɗauki hoton kai. Likitan, Allah ya yi masa albarka, ya zana mana abin a takarda. Ya ce a ƙarƙashin ƙwaƙwalwa, daidai bayan hanci, akwai wata 'yar tsoka da ba ta wuce ƙwayar gujiya ba, tana da ɓari biyu, na gaba da na baya. A ɓarin bayan ne ƙari ya tsiro wa Malam, yana girma yana danne jijiyar ido. Sai an cire ƙarin tare da ɓarin bayan gaba ɗaya. In an bar shi, ido ne zai fara tafiya, rai ya bi baya. Ya rubuta mana sunan aikin da manyan baƙaƙe, neurohypophysectomy, wato dai cire wannan ɓarin na baya ta hanyar tiyata. Ya ce ana yi a nan gida, amma layin da tsawo kuma idon ba zai jira ba, in da hali a fita da shi. Dangi suka yi abin da dangi ke yi, aka tsayar da Masar.

Nan Yaya Tanimu ya shigo. Shi ne wan Malam, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma shi ne shugaban masu ban ruwa na sashenmu shekara ashirin. Shi ke faɗin ranar da za a buɗe ƙofar kanal, shi ke faɗin gonar da za ta sha yau da wadda za ta jira jibi. A wannan aikin ban taɓa jin an kushe shi ba. Ciwonsa ɗaya ne, yana ganin wanda ya iya raba ruwa ya iya komai. Sau ɗaya ya je Makka, tun daga nan ya zama masanin jirgin sama da Larabci da halin Larabawa. Sunan aikin nan kwana biyu ya yi yana haddarsa, in ya faɗa a majalisa sai ya ɗan yi shiru ya duba fuskokin mutane. Har yau ba daidai yake faɗa ba, 'yata Hassana da ke koyon aikin jinya ce ta gaya min. Shi ya ce zai raka ƙaninsa. Ni kuwa an sa ni cikin tafiyar ne don a sami mai wanki da girki, haka ya faɗa, a gabana.

Mun tashi ranar Talata da hantsi. Masu rakiya sun cika bas biyu, rabinsu ba Malam suka zo rakawa ba, jirgi suka zo gani. Kafin mu kai Kumbotso an tsaya sau uku, duk don Yaya ya laluba aljihun cikin rigarsa ya tabbata fasfo ukun nan ba su gudu ba. A filin jirgi aka ɗora kaya a ma'auni aka ce sun yi nauyi. Manyan rigunan Yaya uku ne a ciki da ƙullin goro kamar kan jariri, amma kayan miyata ya nuna ya ce a rage. Na fitar da garin tuwo na ba ƙanwata da ta zo rakiya, daddawa da kuka da yaji kuwa na cusa su cikin zannuwana.

A cikin jirgi Malam na tsakiya. Yaya ya gargaɗe mu kada mu taɓa abincin jirgi, ba a san abin da aka sa a ciki ba. Da aka kawo ya cinye nasa, ya haɗa da na Malam don kada a yi almubazzaranci. Da muka kusa sauka na leƙa taga na ga rairayi iya ganin ido, sai wani koren layi ya ratsa tsakiya, ruwa na bin cikinsa. Yaya ya miƙo wuya ta kan Malam ya duba, ya girgiza kai.

“Ɓarna ce,” in ji shi. “Da ni aka ba wa ruwan nan, wallahi duk rairayin can alkama zai zama.”

A wajen masu duba kaya ne aka fara raina mu. Wata jami'a ta zuge jakata ta ciro ƙullin daddawa ta kwance, ta kai hanci, ta yi baya kamar an watsa mata wuta. Ta kira wasu biyu, su ma suka sansana suka toshe hanci. Yaya ya gyara riga ya matso da Larabcinsa na littafi, ya yi musu doguwar huɗuba. Suka saurara har ya gama, ɗayansu ya dafa kafaɗarsa yana dariya, ya amsa masa da Turanci. Daddawar dai a can ta kwana. Daga baya na ga wani ruɓaɓɓen kifi da mutanen nan ke saye da murnarsu, warinsa na tare mutum tun daga bakin layi. Masu cin wannan ne suka toshe wa daddawata hanci.

A waje wani mutumin Madobi, Alhaji Bala, yana jiranmu. Karatu ya kai shi Alƙahira shekara ashirin da suka wuce, karatun ya ƙare a tarbar marasa lafiya daga gida da yi musu tafinta. Ga tumbi, ga waya biyu, duk abin da ka tambaye shi amsa ɗaya ce, “Ba matsala.” Tun daga gaisuwar farko ya gane wa ke riƙe da fasfo, bai ƙara duban inda nake ba.

Masaukin da ya kama mana a hawa na shida yake, ɗaki biyu da ɗan madafi. Akwai na'urar hawa bene, ba ta fi akurkin kaji ba, mutum biyu take ɗauka, kuma sai ranar da ta ga dama take aiki. Gida babu tsakar gida, babu inda za ka shanya ko ƙyalle sai ka rataya shi a taga ya yi ta lilo a kan mutane. Mata ba sa sauka sayen komai. Kwando suke zurowa da igiya daga sama, su ƙwala wa mai kanti kira, ya zuba, su janye. Da farko na ce wannan ai lalaci ne. Da na hau benen nan da ƙafa sau biyu sai na fara neman igiya.

Maigadin gidan da matarsa, Ummu Ahmad, a wani ɗan ɗaki ƙarƙashin matakala suke. Ranar farko na iske ta tana zazzaga wa mijin masifa a bakin ƙofa, hannu a ƙugu, shi kuma yana shan shayinsa ko a jikinsa. Na ɗauka auren ya mutu. Ashe hira suke yi. Haka garin yake, kowa da ƙarfi yake magana, direbobi da hon suke gaisawa, maza na sumbatar juna a kumatu, kuma ban ga yaro ko ɗaya ya durƙusa wa babba ba. Na ce a raina, Allah ya raba mu da rashin kunya.

Abinci kuwa, a bar maganar. Da safe wake, dafaffe har ya narke, babu manja babu yaji, a dangwala da gurasa. Gurasar dai ba laifi, ta yi kama da tamu, sai dai a bakin titi ake baza ta ƙura na sauka. Akwai wani abin da suke ji da shi, shinkafa da taliya da makaroni da wake duk a kwano ɗaya, kamar an share rumbu an dafa abin da aka tara. Shinkafarsu gajera ce mai danƙo, ba a turara ta, in ta dahu sai ta cure. Ni da na yi shekara ashirin da biyu a kan tukunyar gumi aka ajiye wa wannan a gaba. Wata rana Ummu Ahmad ta hawo min da wata koriyar miya tana ta yabonta da hannu. Na ɗanɗana, lalo ne. Lalon da ke fitowa a bakin kanal ba wanda ya shuka shi, shi suka cika wa tafarnuwa suke kai wa baƙo.

Asibitin kam ban da abin cewa, tsaf yake. Kwana biyar ana gwaje-gwaje, rana ta shida aka shiga da Malam. Gaskiya ne ta hanci aka bi, ba a fasa kai ba. Awa huɗu ina zaune a kan benci da carbi, ban san abin da nake ja ba. Ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba. Yaya kuwa yana ta zagaye yana bayyana wa wasu 'yan Sudan yadda ake aikin. Da aka fito da shi hanci cike da auduga, ya buɗe ido ya ce yana ganin nas ɗin da ke tsaye ta damansa ba tare da ya juya ba. Na fita waje na yi kukana.

Sai ƙishirwa ta taso. Malam ya sha gora guda ya nemi wata, kafin a jima ya cika robar fitsari, farin fitsari kamar ruwan famfo. Nas-nas suka riƙa auna abin da ya sha da abin da ya fitar suna rubutawa, aka fara ba shi wata 'yar ƙwaya fara, abin ya lafa. Yaya na tsaye yana kallon awon nan yana gyaɗa kai, kamar an zo fagensa.

Ranar sallama likita ta kira mu ofis. Na tashi zan shiga, Yaya ya ce in zauna da kaya, maganar maza ce. Likitar kanta mace ce, amma haka na koma na zauna. Suka shiga shi da Alhaji Bala, suka fito da jakar magani da kofin awo. Na tambayi Alhaji Bala me aka ce.

“Ba matsala, Hajiya. Alhaji Tanimu ya ji komai.”

Za mu ƙara mako biyu a masauki kafin a sake duba shi a ba mu izinin tafiya. An hana Malam sunkuyo da fyace hanci, salla ma a zaune yake yi. Muna isa Yaya ya sa aka shigar da kwalin ruwan gora ɗakinsu shi da Malam, ya ajiye kusa da katifarsa, ya zaunar da ni ya karanta min doka. Kofi ɗaya da asuba, ɗaya da azahar, ɗaya da la'asar, ɗaya da magariba. Ruwan famfon garin kuma guba ne, kada a kuskura.

“Yaya, a asibiti na ga kamar duk lokacin da ya nema ake ba shi.”

“Ke me kika sani? Awo suke yi, da idona na gani. Ƙasar da ke zuƙe ruwa, in ka biye mata ka yi ta zubawa, wanke ta kawai kake yi, taki ya bi ruwa. Rufe mata ake yi ta kama jikinta, sannan a koya mata sha a kan lokaci. Kwana uku zai saba.”

Ƙwayar ma sau biyu aka ce a rana, wannan daga baya na sani. Yaya ya duba jakar ya ga ba lalle a sami irinta a Kura ba, sai ya yi mata yadda yake yi wa buhun taki in zai raba wa gona biyu. Ya riƙa fasa ta da farce yana ba shi rabi da safe, shi ke nan.

Ba zan wanke kaina ba. Ban ji abin da likita ta faɗa ba, kuma shekara ashirin da biyu ina durƙusa wa mutumin nan ban taɓa mayar masa da magana ba. Na ce ko dai ya fi ni sani. Malam ma haka, tun yana yaro abin da Yaya ya ce shi ne. Sai dai ya bi ni da ido yana lasar leɓe. Ranar farko da ta biyu in Yaya ya sauka masallaci sai in tafasa ruwan famfo in huce in ɗura masa kofi uku huɗu a tsaitsaye. Rana ta uku Yaya ya ɗaga robar fitsari ya duba ta a hasken taga, ya juyo ya dube ni.

“Shekara ashirin ina kama masu satar ruwa a kanal, Rabi. Ke ce za ki yi min?”

Daga ranar ya daina zuwa masallaci. A ɗaki yake sallarsa, kusa da kwalin.

Rana ta huɗu bayan azahar, ana wani zafi kamar na bakin murhu, na shiga da kunu na tarar Malam a jingine, ido ya faɗa, leɓe ya tsage, harshe ya bushe kamar ɓawon itace. Fitsarin bai tsaya ba, har ya jiƙa zanin gado. Yana magana ƙasa-ƙasa. Na kai kunne na ji da mahaifinsu yake yi, yana ce masa ya miƙo tiyo, fangalin gabas bai sha ba. Na kira shi, ya dube ni kamar bai taɓa ganina ba.

Na ajiye kunun. Na wuce ta gaban Yaya na sa hannu a kwalin na ciro gora.

“Rabi, ina za ki da wannan?”

“Zan ba shi ya sha, Yaya.”

“La'asar ta yi ne? Ajiye.”

“Ka ga bakinsa kuwa? Ka ji da wa yake magana? Baba shekara goma sha ɗaya a ƙasa!”

“Zafin ciwo ne. Gona ma in an rufe mata ruwa sai ta yi yaushi kafin ta miƙe.”

“Mijina ba fangali ba ne!”

Ya kama gindin gorar, na riƙe wuyanta. Ni da wan mijina muna ja-in-ja a ƙasar mutane, ɗankwalina a ƙasa. Ban san ina da wannan ƙarfin ba, na gumi ne, na ɗaga tukunya. Na fizge, na buɗe, na kafa wa Malam a baki. Ya sha kaɗan ya ƙware, ragowar ta bi wuyansa, haɗiyar ma ta gagara. Nan hankalina ya tashi gaba ɗaya. Na je taga na zura kai na ƙwala wa Ummu Ahmad kira da muryar da ban san ina da ita ba, da Hausa, duk layin sai da ya ɗago kai.

Matar nan da na raina ta hawo bene shida a guje. Ta dubi Malam sau ɗaya, ta tsunkuli fatar hannunsa ta ga ta tsaya ba ta koma ba, ta juya kan Yaya. Ban san me ta gaya masa ba, amma na ga ya ja da baya har bango. Ta yi wa mijinta ihu ta matakala, kafin a jima ga tasi a ƙofa. Ita da mijin da Yaya suka sauko da Malam a kan kujera, ni ina biye da gora.

A asibiti aka sa masa ƙarin ruwa aka ɗebi jini. Aka kira Alhaji Bala ya zo yana haki. Wannan karon ban jira an ce in shiga ba, na shiga ofishin na tsaya. Likitar ta tambayi nawa yake sha a rana, Yaya ya faɗa. Ta tambayi ƙwayar, ya ciro jakar, ga rabi-rabi a ƙulle a takarda. Ta cire tabarau ta ajiye. Yaya ya fara yi mata bayanin ƙasar da ke zuƙe ruwa, Alhaji Bala na fassarawa yana ragewa, gumi na keto masa. Ba ta bari ya kai ƙarshe ba. Ta yi magana mai tsawo tana buga tebur da ɗan yatsa.

“Alhaji Bala,” na ce, “ka faɗa min duka. In ka ce min ba matsala, Allah ya isa.”

Ya faɗa duka. Ɓarin da aka cire shi ke umartar ƙoda ta riƙe ruwa a jiki. Tun da babu shi, ƙoda sakin ruwan kawai take yi, ko ya sha ko bai sha ba, kuma ba za ta taɓa sabawa ba. Ƙwayar ce ke tsaya masa a madadin abin da aka cire, har ƙarshen rayuwarsa. Awon da ake yi don a san ko ƙwayar ta isa ne, ba don a hana shi ba. Ya sha duk lokacin da ya ji ƙishirwa, kada a hana shi, kada kuma a ɗura masa. Jininsa ya yi gishiri ƙwarai, da mun ƙara kwana guda da sai dai a yi mana ta'aziyya. Ko yanzu ma sai an sauko da gishirin a hankali, kuma ba ta yi alkawarin komai ba. Ta ce duk wannan ta faɗa ranar sallama. Ta ɗauki jakar maganin daga gaban Yaya ta sa min a hannu.

Kwana biyu Malam bai san wanda ke kansa ba. Ina gefe guda, Yaya na gefe guda. Bakin nan da bai taɓa rufuwa ba tun daga Kura ya mutu murus. Rana ta uku da hantsi Malam ya buɗe ido ya ce, “Rabi, akwai kunun tsamiya?” Ko ƙwayar tsamiya ba ni da ita, amma na ce akwai.

Mun ƙara mako uku. Ranar tafiya na ba Ummu Ahmad ragowar yajina da zani guda, ta rungume ni ta sumbace ni hagu da dama, ban ce rashin kunya ba ne. A filin jirgi aka ce ba a shiga da ruwa, na zaro takardar likita na kafa musu a ido har suka gaji suka bar mu. Fasfo dai na nan a aljihun Yaya, ban yi masa gardamarsu ba.

Gida kun ga yadda aka tarbe mu. Kun kuma ji abin da ake faɗa a majalisa, yadda Yaya ya tsaya a kan likitocin Masar da Larabci har suka yi aikin da kyau, yadda da ciwon ya taso ya ɗauko ƙaninsa a kafaɗa daga hawa na shida. Benen na ƙaruwa, jiya na ji an ce na tara ne. Malam ya koma gona. Idon dama ya dawo sosai, na hagu da saura. Yana yawo da gorarsa, ƙwayarsa kuma a hannuna take, safe da yamma.

Kwanakin nan na masauki babu abin da ya tuna a ciki. Daga ranar sallama sai farkawarsa yana neman kunu. Abin da ya ji a majalisa shi ya ɗauka, kullum in ya idar da salla sai ya ce Allah ya saka wa Yaya, ba don shi ba da a can za a binne shi. Ni in ce amin. Ban gaya masa ba, kuma wadda ta kai masa wannan labarin, ni da ita ne.

Da aka cire albasar bana ya sayo zakaru biyu ya ce in yi dambu in kai wa Yaya da hannuna, godiya ce. Na yi, na sa mai sosai, ina yi ina tsaki. Na tarar da shi shi kaɗai a zaure yana gyaran tiyo. Na durƙusa na gaishe shi na ajiye kwanon, na faɗi saƙon. Bai ɗago ba, bai kuma taɓa kwanon ba.

“Yana shan ƙwayar?”

“Yana sha.”

“Cikakkiya?”

“Cikakkiya, Yaya.”

Ya daɗe yana murza bakin tiyon nan da babu abin da ya same shi.

“Kin gaya masa?”

“Ban gaya masa ba. Wa ɗaya gare shi.”

Ya kawar da kai wajen bango. Na tashi na tafi, don na bar shinkafa a kan wuta a gida.